Kabarin Ɗangoggo

Lahadi, bayan la'asar

Yaya Shafi'u ya ce in na ƙara sa maganar gidanmu a intanet sai ya fasa min waya. To shi kenan, ba zan sa ba. Zan riƙa rubutawa a nan inda ba mai gani, don ni Zakiyya in ban yi magana ba cikina kumbura yake.

Jiya ma'aikatan gwamnati suka zo suka shafa jan fenti a bangonmu. Ba mu kaɗai ba, duk Tungar Wanzam ce, tun daga masallaci har cocin su Hannah ƙawata. Mai fentin ma da ladabinsa, ya durƙusa ya gaida Iya kakarmu, sannan ya tashi ya zana mata alamar rusau a daidai tagarta. Iya ta ce a kawo masa ruwa. Ya kuwa sha.

An ce kar kowa ya damu. 'Yan asali za a ba su fili a wani wuri su sake gini, baƙi kuma kowa ya kama gabansa. Na ce alhamdulillahi, mu ai Wanzamin da ake kiran unguwar da shi kakan babanmu ne. Lafiya lau muke.

Talata, da hantsi

Ban je shago a Wuse ba, na ce wa Oga kaina ke ciwo. Gaskiyar magana datar waya na samu kyauta.

Ina zaune Iya na ɓarar gyaɗa na ce, tsohuwa, ke wai 'yar wace jiha ce?

Ta ce, uwar waya, ni tun da aka haife ni ban tashi daga garin nan ba, garin ne ya yi ta tashi da ni.

Wai tana ƙarama Lardin Neja ake ce musu, Bature ne a sama, haraji kuma En'e, hukumar sarki, ake kai wa a Abuja. Ta ce Abujar gaskiya fa, wadda kuke ce wa Suleja. Daga nan aka ce Kaduna ce uwa. Soja suka zo suka ce a'a, babban garinku Sakkwato ne, ita ko hanyar ba ta sani ba. Ba a jima ba wasu sojan suka rubuta doka suka ce ƙasar nan duka ta gwamnatin tarayya ce, ba ta sarki ba, ba ta mai gona ba. Ta ce har sunan garin mutane suka ara, ba su mayar ba har yau.

Na ce na sani, doka ta shida, alif ɗari tara da saba'in da shida, mun yi a makaranta kafin Baba ya rasu in daina zuwa.

Ta ce ke kin karanta, ni a kaina aka rubuta.

Shi kuwa Wanzam daga ƙasar Zazzau ya gudo lokacin da Bature ke ɗibar maza aikin hanyar jirgi. Zabirarsa kawai ya zo da ita. Sarkin Gbagyi na nan ya ba shi wuri, ya riƙa yi musu aski da ƙaho. Ɗansa shi ne Ɗangoggo, mijin Iya, kakanmu. Ya rasu shekarar da fam ta koma naira, Baba yana goye.

Wallahi da na ɗauke ta bidiyo da ta samu mabiya fiye da ni.

Alhamis, bayan azahar

Kwamitin tantancewa sun zo. Rumfa, kujerun roba, ruwan gora a gabansu, mu a rana. Shugabarsu wata mata ce Madam Rosemary, lesinta mai kyau, na san kuɗin yadinsa a Wuse amma ba zan faɗa ba.

Ta yi bayani, wani ya fassara. Duk wanda ya ce shi ɗan asali ne sai ya nuna kabarin uba ko kaka na ɓangaren uba da aka binne a nan kafin dokar. Ko kuma dattijon da aka riga aka tantance ya shaide shi. Wai takardar jabu ana bugawa a Area One, amma kabari ba ya ƙarya.

Su Hannah minti nawa ma suka yi. Su a bayan gida suke binne nasu, da siminti, da suna, da shekara. Madam ta leƙa ta dawo. Hannah ta rungume ni tana tsalle. Na taya ta murna. Wallahi na taya ta murna.

Da aka zo kanmu Madam ta ce, Mama, me sunan mijinki?

Iya ta sunkuyar da kai.

Ta sake tambaya da ƙarfi, ta zaci kurma ce. Iya ta ce, Malam.

Malam wa?

Iya ta ja mayafi ta rufe baki. Ita fa irin mutanen da ne, ba ta taɓa kama sunansa ba, ko yanzu da ya shekara hamsin a ƙasa. Yaya ya ce Ɗangoggo ne Madam, al'ada ce, ba ta faɗa. Madam ta ce ba kai na tambaya ba. Ta juya ta gaya wa na kusa da ita da Turanci cewa matar ko sunan mijin ba ta sani ba. Suka yi dariya. Ni ina jin Turanci fa. Ban gama makaranta ba amma ina ji.

An ba mu zuwa wani mako mu nuna kabari.

Alhamis, bayan magariba

Iya ba ta san inda yake ba.

Juma'a, da safe

Ni ban taɓa tunanin abin ba sai jiya. Mata ba sa bin gawa. Ranar da aka fita da shi tana ɗaki, mata na riƙe da ita, daga nan ta shiga takaba. Ba ta taɓa taka maƙabarta ba tun da take. Kuma mu ba a rubuta mana suna a lokacin, tudu ne kawai da ɗan dutse, damina biyu uku ruwa ya shafe. Baba yana jinjiri. Shi kansa a maƙabartar Gudu aka sa shi, don an hana binnewa a tsohuwar tun da aka yanki rabinta aka yi gidajen masu kuɗin nan masu doguwar katanga.

Mazan da suka kai shi duk sun bi shi. Saura Baba Dallatu, maƙwabcinmu na bayan masallaci. Shi Bagbagyi ne Musulmi, an tantance shi tun ranar farko. Iya ta ce tare suka yi samartaka da Malam, kwano ɗaya suke ci, shi ya raka shi zance wurinta.

Na ce to ai an gama. Lafiya lau muke.

Asabar, bayan la'asar

Mun je ni da Yaya. Na saya masa lemo da ayaba a kasuwar Gudu da kuɗina.

Yana kan tabarma da carbi. Ya ce, a'a, amaryata ce, yaushe za ki tare? Na ce sai ka sa haƙora tukuna. Ya yi dariya har da tari. Ya tambayi Iya da ƙafa. Ya ɓare ayaba ya ci.

Yaya ya faɗi abin da ya kawo mu. Sai ga Lawal babban ɗansa ya fito ya tsaya a bakin ƙofa, bai zauna ba, bai amsa gaisuwa sosai ba.

Baba Dallatu ya kalli Lawal, ya kalli ɓawon ayaba. Ya ce, Shafi'u, ido ya tafi, kai ya tafi. Ni abin da na ci jiya ma ban riƙe ba.

Yaya ya ce, Baba, ba sai ka nuna wurin ba. Ka ce kawai a nan aka binne shi.

Ya ce, shaida abu ne mai nauyi, ɗana. Kar in faɗi abin da ban tabbatar ba in tashi da shi gobe kiyama.

Lawal ya ce an kusa kiran salla.

A hanya Yaya ya ce filayen kaɗan ne, duk gidan da aka ƙara sai a rage na wasu, kuma Lawal ƙannensa maza shida. Na ce haba, tsufa ne kawai. Ya ce ke komai sai ki ce haba.

Litinin, a motar Wuse

Na sa bidiyon Iya. Ƙarami ne, na sa ta maimaita min maganar nan cewa garin ne ya yi ta tashi da ita, na ɗauka. Na ce ko wani babba zai gani.

Mutane sun gani kam. Wani ya ce ku koma jiharku. Wace? Shekarar da na nemi aikin asibiti na je neman shaidar asali, a nan aka ce in tafi Zariya, a Zariya aka ce gidan wa, wace unguwa. Na tsaya kamar akuya a tasha. Nan ɗin ma da aka haife ni ko gwamna ba mu da shi balle in ce zan je in yi masa kuka.

Wata ta ce Allah sarki tsohuwa, ta sa fuskar kuka guda uku, sannan ta tambaye ni nawa nake sayar da hijabin da na sa.

Na gaya mata. Ciniki ciniki ne.

Talata, da yamma

Yaya ya gani. Bai fasa wayar ba. Da ma ya fasa.

Laraba, bayan azahar

Yaya ya shiga tsohuwar maƙabartar ya zagaya. Ya ce akwai wani tsohon tudu a gindin ɗorawa, ba wanda ya ce nasa ne. Ya ce Iya ta shiga ranar kwamiti ta nuna shi. In shi ya nuna za a ce ba a haife shi ba lokacin, amma matar mamaci wa zai ƙaryata ta.

Iya ta ce, in shiga maƙabarta da ƙafata?

Ya ce Iya lalura ce.

Ta ce, in tsaya a kan bawan Allah da ban sani ba in ce mijina ne?

Ya ce to ki zaɓa, ko shi ko titi. Ni ɗan acaba ne da aka hana shiga gari, ina zan kai ki? Ina zan kai wannan mai bakin?

Ni ce mai bakin.

Iya ta ci gaba da tsince wake. Har tsakuwa take mayarwa cikin mai kyau, na bari sai da ta tashi na sake tsincewa.

Alhamis, da asuba

Ta ce za ta je. Ta ce ba don ɗakin ba, don kar a ce 'ya'yan ɗanta ba su da gari.

Yaya ya zana mata hanya a ƙasa da tsinke. Ki shiga, ki bi dama, ɗorawa na gabanki. Ta maimaita kamar 'yar makarantar allo. Ta ce in ba ta turarena ta shafa, wai ba a zuwa wurin mutane haka nan.

Juma'a

Mun je.

Asabar, da hantsi

Bari in rubuta ko zan samu in ci abinci.

Liman ya tare mu a bakin maƙabarta ya ce mata ba sa shiga. Madam ta ce aikin gwamnati ne. Ya koma gefe yana a'uzubillahi. Ni na riƙe hannun Iya, don haka ni ma na shiga. Ciyawa ce kawai da ledoji. Ni na zaci zan ji wani abu, ƙaiƙayi kawai na ji a ƙafa.

Rabin unguwa sun biyo mu, kowa da waya a sama. Da ni ce a waje ni ma da na ɗaga tawa, na sani.

Iya ta bi dama. Hannunta sanyi ƙalau. Ta tsaya a gindin ɗorawa ta yi sallama a hankali, sannan ta nuna da haɓa ta ce, ga Malam nan.

Madam ta fara rubutu. Wallahi ta fara.

Sai muka ji, Zaituna.

Ba mai kiran Iya da sunanta. Baba Dallatu ne, Lawal na riƙe da shi.

Ya ce, Zaituna, ki ji tsoron Allah. Wannan wani Bafulatani ne da maciji ya sara yana wucewa da shanu. Ɗangoggo ni na kama ƙafafunsa muka sa shi. Yana can.

Ya ɗaga sanda ya nuna katangar gidajen masu kuɗi, daidai inda hayaƙin janaretansu ke fitowa. Ya ce da akwai kuka a wurin, an sare ta, daga kukar zuwa kansa kamu kaɗan ne. Har ruwan da aka yi ranar ya tuna. Har wanda ya ja salla.

Yaya ya ce, Madam kin ji, ya shaida a nan aka binne shi.

Madam ta ce dattijon nan an tambaye shi ranar Laraba a gaban kwamiti ya ce bai tuna komai ba, kuma abin da ya faɗa ranar shi ne a rubuce. Ta ce ku kuma kun kawo ni kan kabarin ƙarya. Mutum ɗaya ba ya da kabari biyu. Ta rufe biro.

Yaya ya yi kan Baba Dallatu aka rirriƙe shi. Yana cewa me ya sa ba ka yi shiru ba, ka yi shirun da ka yi mana ranar Asabar mana. Tsohon ya ce shi ba zai ga ana yi wa mamaci ƙarya ya kame baki ba.

Iya ba ta kalli kowa ba. Katangar take kallo. Ta ce min, ashe kusa ne.

Lahadi

Bidiyon ya fita. Ba ni na sa ba. An rubuta a kai, tsohuwa mai satar kabari.

Litinin, da rana

An sa masa kiɗa. Wata yarinya da nake bi, wadda nake son kwalliyarta, ta ɗaura zani a ka tana nuna kujerar falonsu da haɓa tana cewa ga Malam nan. Mutum dubu nawa suka yi dariya. Wani malami kuma ya yi minti goma a kan hukuncin mace a maƙabarta, da hoton Iya a gefe, da ni a bayanta, bakina a buɗe.

Oga ya ce in huta a gida kwana biyu, masu saye suna nuna ni.

Mabiyana sun ƙaru sosai.

Laraba, bayan la'asar

Hannah ta turo saƙo wai tana tare da ni. Ta sa hoton filinsu a shafinta, ita da mamanta suna riƙe da bulo. Na danna mata zuciya. Me zan yi.

An aiko da tuwo daga gidan Baba Dallatu kamar yadda aka saba duk Laraba. Yaya ya ce a zubar. Iya ta ce abinci bai yi laifi ba, a juye a wanke musu kwano. Na juye. Na wanke. Ba wanda ya ci. Kaji ma sai da suka yi yanga.

Iya tana salla a zaune yanzu. Ba ta ce min uwar waya. Zakiyya take cewa, kamar wata baƙuwa.

Lafiya lau muke.

Alhamis

Ba zan rubuta yau ba.

Asabar, Dutse Alhaji

Muna wurin Anti Hindatu ƙanwar mamanmu. Ɗaki ɗaya da 'ya'yanta huɗu. Yaya yana kwana a shagon abokinsa. Mun fito da katifa, tukwane, akwatin Iya da ƙyauren ɗakinta, don ta ce ba za ta bar shi ba. Yana jingine a bayan banɗaki, masu haya suna shanya a kai.

Zabirar Wanzam ba mu gan ta ba. Na tona ɓaraguzan gidanmu da aka rushe har farcena ya karye.

Caji a nan sai an biya.

Talata, bayan azahar

Tun shekaranjiya Iya take cewa in kai ta wurin katangar nan. Yau na kai ta. Mota biyu, sannan Keke. Ban kalli ɓangaren unguwarmu ba, na kalli waya har muka wuce.

Ta ƙofar gidajen ba a shiga sai wani na ciki ya kira, don haka muka zagaya ta baya, ta cikin ciyawa. Katangar ta fi yadda nake gani tsawo, da waya mai wuta a sama. Janareta na ta ruri, ƙasa har rawa take. Iya ta dafa bangon ta zauna. Bangon da zafi. Ta fara magana amma ba na jin komai saboda ƙara, bakinta kawai nake gani. Ta daɗe. Har dariya na ga ta yi sau ɗaya.

Mai gadi ya leƙo ta sama. Bahaushe ne ma, da ganin tsagarsa. Ya ce, tsohuwa, ba a bara a nan.

Na ce ba bara muke ba, mijinta ne a ciki.

Ya ce wane gida, lamba nawa?

Na ce ƙarƙashin janareta.

Ya kalle mu, ya kalle mu. Sai ya ce, au, ke ce ta bidiyon nan. Ya kira abokin aikinsa ya zo ya gani. Suka ce mu tashi kafin Ogansu ya sa a saki karnuka.

Muka tashi.

Juma'a, da yamma

Ina cire wa Iya ƙaya a zani, irin mai maƙalewar nan da muka kwaso a ciyawa, har yau ba ta gama fita ba. Anti ta tafi kasuwa, yara na waje.

Ta ce, Zakiyya, in na mutu ina za su kai ni?

Na ce haba tsohuwa, ke da za ki yi min rainon 'ya'ya.

Ta ce ba wasa nake ba.

Na ce ban sani ba. Wataƙila nan Dutse. Wataƙila Gudu wurin Baba, in an samu mota.

Ta kama hannuna, da ƙarfi fa, ban san tana da sauran ƙarfi haka ba.

Ta ce, ranar kar ki zauna a ɗaki kina kuka, kuka kowa ya iya. Ki sa takalmi ki bi su.

Na ce Iya za su kore ni.

Ta ce su kore ki. Ki tsaya daga nesa. Ki dai gani.